Badaƙalar Tallafin Man Fetur Da Yadda Ta Shafi Garin Jibiya

Gabatarwa

Duk wanda ya saba bin hanyar da ta tashi daga Katsina ta nufi Jibiya, ta ratsa Magama ta shiga Ɗan Isa har zuwa Maraɗi, ya san jarkar fetur. Na yi shekaru ina koyarwa a wannan yanki, kuma a cikin ɗalibaina akwai waɗanda nakan gani da safe a aji, da la'asar kuma in tarar da su a bakin titi da galan da mazurari suna bumburutu. Saboda haka idan aka ce ana fasa-ƙwaurin mai ta Jibiya, ba zan musa ba, domin na gani da idona. Abin da ya daɗe yana damuna shi ne, duk lokacin da aka tashi maganar asarar da Nijeriya ta tafka a kan tallafin man fetur, sai a nuna garuruwan bakin iyaka da yatsa, kamar a nan ne dukiyar ta salwanta.

Manufar wannan maƙala ita ce ta bi diddigin lamarin tun daga tushe: yadda tallafin ya samo asali, yadda wasu kamfanoni suka mayar da shi hanyar kwasar dukiyar jama'a ta amfani da takardun bogi, yadda hukumomin da aka ɗora wa alhakin sa ido suka gaza, da kuma yadda hukuncin ya ƙare a kan talakan bakin iyaka. Na rubuta ta ne musamman domin 'yan'uwana malaman makaranta da kuma dattawanmu, waɗanda su ne yara ke tambaya idan abu ya shige musu duhu.

Jibiya Da Iyaka

Kafin zuwan Turawa babu wani layi tsakanin Jibiya da Maraɗi. Bayan da masu jihadi suka karɓi Birnin Katsina a wajejen 1807, sarakunan Haɓe suka yi arewa, har daga bisani Ɗankasawa ya kafa mulkinsa a Maraɗi a wajejen 1819. Duk da yaƙe-yaƙen da aka yi ta gwabzawa tsakanin ɓangarorin biyu, jama'ar ɗaya ce, harshe ɗaya, ga auratayya ga cinikayya. Turawan Ingila da na Faransa ne suka yi ta yarjejeniya a tsakaninsu, a 1898 da 1904 da 1906, sannan aka kafa alamomin iyaka tsakanin 1906 da 1908. Daga nan Jibiya, inda Sarkin Arewa yake hakimci, ta zama ƙofar Katsina ta wajen ƙasar Faransa.

Tun daga wannan lokaci aka sami doka biyu, kuɗi iri biyu da farashi biyu a tsakanin 'yan'uwan juna. A zamanin gyaɗa, kafin Faransawa su karkatar da ita zuwa Kwatano a shekarun 1950, gyaɗar ƙasar Maraɗi ta Nijeriya take bi zuwa tashar jirgin ƙasa ta Kano. Bayan haka ma, duk shekarar da farashin wani ɓangare ya ɗara na ɗaya, sai manoma su ɗora buhuna a kan jakuna da raƙuma su bi daji da ita zuwa inda ta fi tsada. Wannan shi ne darasi na farko da ya kamata mai karatu ya riƙe: kaya na bin farashi kamar yadda ruwa ke bin gangare. Abin da ya faru da gyaɗa shi ne ya faru da taki, da shinkafa, da kuma fetur.

Asalin Tallafin Mai

A shekarar 1973 gwamnatin Janar Yakubu Gowon ta tsayar da cewa a sayar da fetur a kan farashi ɗaya a duk faɗin ƙasa, wato mutumin Jibiya ya saya kamar yadda mutumin Legas zai saya. Domin hakan ya yiwu aka kafa asusun daidaita farashi na PEF a 1975, wanda ya riƙa biyan kuɗin dakon mai zuwa wurare masu nisa. A 1977 aka kafa kamfanin mai na ƙasa, wato NNPC. An gina matatun mai a Fatakwal a 1965, da Warri a 1978, da Kaduna a 1980, da kuma ta biyu a Fatakwal a 1989, waɗanda gaba ɗayansu aka tsara su tace ganga 445,000 a kowace rana.

Da matatun sun ci gaba da aiki yadda ya kamata, da labarin ya sha bamban. Amma rashin gyara ya durƙusar da su, har ta kai ƙasar da ke haƙo ɗanyen mai ta koma sayo tataccen mai daga waje da dalar Amurka, ta sayar da shi a gida da araha. Bambancin da ke tsakanin kuɗin sayowa da kuɗin sayarwa shi ne ake kira tallafi, kuma daga baitulmali aka riƙa biyansa. Darajar Naira ta fara zubewa tun daga 1986, ita kuwa sefa a lokacin tana jingine da kuɗin Faransa, don haka man Nijeriya ya zama ɓagas ga mai riƙe da sefa. A nan ne bumburutu ya bunƙasa a wannan ɓangare, a can ƙetare kuma aka sami waɗanda ake kira 'yan ruwa-ruwa.

A 2003 aka kafa hukumar ƙayyade farashin man fetur, PPPRA, sannan a 2006 aka buɗe asusun tallafi na PSF. Tsarin shi ne, kamfani ya sami izinin shigo da mai daga hukumar, ya sayi dala, ya kawo mai a jirgin ruwa, jami'ai su auna su sa hannu, sannan ya kai takardunsa a biya shi cikon kuɗi. Mai karatu ya lura da kyau: a kan takarda ake biya. Duk wanda ya iya haɗa takarda da sa hannun da ake buƙata, to ya sami kuɗi, ko ya kawo mai ko bai kawo ba.

Yadda Asiri Ya Tonu A 2012

Ranar 1 ga Janairu, 2012, gwamnatin Shugaba Goodluck Jonathan ta janye tallafin, litar fetur ta tashi daga Naira 65, farashin da aka gada daga zamanin marigayi Malam Umaru Musa 'Yar'aduwa, zuwa Naira 141. Ƙungiyoyin ƙwadago suka shiga yajin aiki daga ranar 9 ga watan, aka yi zanga-zanga a Legas da Kano da Abuja da sauran birane, har aka rasa rayuka. Ranar 16 ga watan gwamnati ta sauko da farashin zuwa Naira 97. A cikin wannan hali ne Majalisar Wakilai ta kafa kwamitin bincike a ƙarƙashin Faruk Lawan, ɗan majalisa mai wakiltar Bagwai da Shanono a Jihar Kano. An nuna zaman kwamitin kai tsaye a talabijin, kuma ya miƙa rahotonsa a watan Afrilu na wannan shekara.

Abin da rahoton ya ƙunsa ya girgiza ƙasa. A kasafin kuɗin 2011 an ware kimanin Naira biliyan 245 domin tallafi, amma kwamitin ya ce abin da aka kashe ya haura Naira tiriliyan 2.5, wato ya ninka kasafin sau goma. Kamfanonin da ke shigo da mai, waɗanda guda 5 ne a 2006, sun kai 140 a 2011, kuma da yawansu ba su da rumbun ajiya, ba su da gidan mai, ba su taɓa harkar mai ba. Rahoton ya ambaci yadda aka fitar da Naira miliyan 999 har sau 128 a cikin awa 24 a watan Janairun 2009. Daga ƙarshe ya nemi a dawo wa gwamnati da fiye da Naira tiriliyan ɗaya.

Gwamnati ta kafa nata kwamitin a ƙarƙashin Aigboje Aig-Imoukhuede, wanda a lokacin shi ne shugaban Bankin Access. Shi ma ya gano kimanin Naira biliyan 382 da ya ce kamfanoni 21 su dawo da su. Daga binciken kwamitocin biyu aka fahimci dabarun da aka yi amfani da su. Akwai waɗanda suka rubuta sunan jirgin ruwa suka ce shi ya kawo musu mai, da aka duba sai aka tarar a ranar da suka ambata jirgin yana wata nahiya, wani ma an daɗe da daina aiki da shi. Akwai waɗanda suka sauya kwanan watan takardar lodi zuwa lokacin da mai ya fi tsada a kasuwar duniya, domin cikon da za a ba su ya ƙaru. Akwai waɗanda suka gabatar da lodi ɗaya sau biyu. Akwai kuma waɗanda suka karɓi dala da sunan sayo mai, ba su kawo ko ɗigo ba.

Lissafin Da Ya Kamata A Yi A Allo

A nan ne nake son malamai su ɗauki alli. Kwamitin majalisa ya ce a 2011 ana biyan tallafi a kan lita miliyan 59 a kowace rana, alhali abin da ƙasa ke sha bai wuce kimanin lita miliyan 35 ba. Saura lita miliyan 24 ke nan. Amsar da aka saba bayarwa ita ce, an yi fasa-ƙwaurinsu zuwa maƙwabta. To, mu auna wannan amsa. Tankar mai da muka fi sani tana ɗaukar lita 33,000. Idan aka raba miliyan 24 da wannan adadi, za a sami tanka 727 a kowace rana ta Allah, wato tanka ɗaya a duk minti biyu, dare da rana. Idan kuwa da jarka mai lita 25 za a ɗauka, ana buƙatar jarka 960,000 kullum.

Duk wanda ya zauna a Magama ya san irin motocin da ke wucewa. Ko an haɗa Jibiya da Illela da Maigatari da Kamba da Seme da Idiroko, da hanyoyin ruwa na kudu, ƙasashen Nijar da Binin da Togo da Kamaru ba su da yawan ababen hawan da za su shanye wannan adadi a kowace rana. Lallai wani kaso ya tsallaka iyaka, musamman ta ɓangaren Binin inda man bakin titi ya mamaye kasuwa. Amma babban kaso bai tsallaka ko'ina ba, domin tun farko bai shigo ƙasar ba. A takarda aka haife shi, a takarda aka biya shi. Hasali ma a 2022, shugaban hukumar kwastan na lokacin, Kanar Hameed Ali mai ritaya, ya yi irin wannan tambaya a gaban majalisa, inda ya nemi a nuna masa hanyar da ɗaruruwan tankoki ke bi kullum su fice ba a gan su ba.

Ina Masu Sa Ido Suke?

A tsarin fataucin kakanninmu, baƙon da ya sauka a zango yana da maigida wanda zai tsaya masa, akwai dillali da ke cin la'ada a kan shaidar da ya bayar, akwai kuma Sarkin Kasuwa da ke duba mudu. Kowane ɗayansu sananne ne, kuma idan aka kama shi da ha'inci sau ɗaya, kasuwarsa ta mutu har ta 'ya'yansa. Ƙarfin tsarin shi ne, mai kaya daban, mai awo daban, mai shaida daban.

A harkar tallafi an rushe wannan ƙa'ida. A wancan lokaci kamfanin NNPC shi ne babban mai shigo da mai, shi ne mai sayar da ɗanyen man ƙasa, kuma shi ne ke cire kuɗin tallafinsa da kansa kafin ya zuba saura a asusun tarayya. Hausawa sun ce ba a ba kura ajiyar nama. Hukumar PPPRA ita ce ta riƙa ba da izini, ita kuma ta riƙa tantance abin da aka kawo. Kamfanonin binciken kuɗi da gwamnati ta ɗauka domin su duba takardun sun bar su sun wuce, sai bayan rahoton majalisa aka sallame su. Kowace takardar bogi tana ɗauke da sa hannun jami'ai da dama, kuma kowane sa hannu akwai mutum a bayansa.

Misalin kananzir ya ishi kowa. A 2009 Shugaba 'Yar'aduwa ya ba da umarnin a daina biyan tallafi a kansa, amma aka ci gaba da cire kuɗin. A lokacin, a hukumance lita Naira 50 ce. Ina tambayar iyayenmu mata na Jibiya da Batsari da Kaita, wace ce a cikinsu ta taɓa sayen litar kananzir a kan Naira 50 a waɗannan shekaru? Haka kuma, lokacin da Gwamnan Babban Banki, Sanusi Lamido Sanusi, ya yi ƙorafin cewa akwai kimanin dala biliyan 20 na cinikin mai da ba su shiga asusu ba, dakatar da shi aka yi a watan Fabrairun 2014.

Abin takaici shi ne, shi kansa mai binciken bai tsira ba. Ɗan kasuwa Femi Otedola ya bayyana cewa ya ba Faruk Lawan dala 500,000 daga cikin miliyan 3 da aka nema domin a cire kamfaninsa na Zenon daga jerin waɗanda ake zargi, kuma ya ce da sanin jami'an tsaro ya yi hakan. Wannan magana ta janye hankalin jama'a daga abin da rahoton ya ƙunsa. A watan Yunin 2021 kotu ta yanke wa Lawan ɗaurin shekara 7, kotun ɗaukaka ƙara ta rage zuwa 5, Kotun Ƙoli ta tabbatar a Janairun 2024, ya kuma fito daga gidan yarin Kuje a Oktoban 2024. Su kuwa kamfanonin da hukumar EFCC ta gurfanar tun 2012, 'yan ƙalilan ne aka kai ƙarshen shari'arsu. Alal misali, shari'ar kamfanin Nasaman Oil Services sai a watan Mayun 2025 wata babbar kotu a Legas ta yanke hukunci a kanta, bayan shekara 13.

Wanda Ya Sha Dukan

Jibiya ta san rufe iyaka tun a 1984, lokacin mulkin soja na Janar Muhammadu Buhari, kuma rufewar ta kai har 1986. An sake rufewa a watan Agustan 2019. A watan Nuwamba na wannan shekara hukumar kwastan ta hana kai fetur ga duk gidan man da ke cikin tazarar kilomita 20 daga iyaka. Garin Jibiya yana cikin wannan da'ira. Sai ya zamana mai injin niƙa, da ɗan acaɓa, da manomin rani da ke ban-ruwa da inji a ƙasan madatsar ruwa ta Jibiya, da mai jinyar da za a kai asibiti cikin dare, duk sun koma sayen mai a hannun 'yan bumburutu a kan farashin da ya zarce na hukuma nesa ba kusa ba. Wato dokar da aka yi domin a kashe bumburutu ita ce ta mayar da shi hanya ɗaya tilo ta samun mai.

Da aka buɗe wasu iyakoki a Disambar 2020, an buɗe Seme da Illela da Maigatari da Mfum, ba a sa Jibiya ba, sai a watan Afrilun 2022. Aka sake rufewa a Agustan 2023 bayan juyin mulkin Nijar, har zuwa Maris na 2024. A tsawon waɗannan shekaru kasuwar Lahadi ta ja baya, 'yan dako da direbobi da masu sayar da abinci suka rasa abin yi, a daidai lokacin da 'yan bindiga suka hana noma a ƙauyuka da dama. Babu wani mai kamfanin da ya rubuta sunan jirgin bogi da aka hana shi shan mai a unguwarsu. Wannan shi ne zaman kashin dankali, babba ya danne ƙarami.

Duk da haka, in ɓera da sata, daddawa ma da wari. An gina gidajen mai a garuruwan bakin iyaka fiye da buƙatar mazaunansu, kuma kowa ya san dalili. An sami tankokin da ake buga wa takarda cewa sun sauke kaya a wani gari, a karɓi kuɗin dako, alhali man ya bi wata hanya. Mu iyaye mun ga yaranmu sun bar aji sun kama jarka saboda kuɗin yini ɗaya, mun yi shiru. An yi gobara a gidajen da ake ɓoye mai, an yi hatsari da motocin da aka cika da jarkoki. Wannan namu ne, kuma ba wanda zai ɗauke mana shi.

Ranar 29 ga Mayu, 2023, Shugaba Bola Ahmed Tinubu ya sanar da ƙarshen tallafin, bayan da a 2022 kaɗai ya ci fiye da Naira tiriliyan 4. Farashin lita ya tashi daga ƙasa da Naira 200 zuwa kimanin Naira 500 cikin 'yan kwanaki, daga baya ya wuce haka. Adadin man da hukuma ke cewa ana sha kullum ya sauko daga sama da lita miliyan 60 zuwa ƙasa da miliyan 50. A can Nijar kuwa, duk da matatar SORAZ ta Damagaram da aka buɗe a 2011, wadda aka tsara ta tace ganga 20,000 a rana, an shiga ƙarancin mai a watan Maris na 2025, kuma jami'an kamfanin SONIDEP sun amsa cewa man Nijeriya na bayan fage ne ya daɗe yana cike musu giɓi. Abin da shingaye da bindigogi suka kasa ragewa cikin shekaru arba'in, daidaituwar farashi ta rage shi cikin watanni.

Kammalawa

Daga abin da ya gabata za a ga cewa badaƙalar tallafin mai hawa biyu ce. Akwai ta ƙasa, wadda ake yi da jarka da babur a idon kowa, akwai kuma ta sama, wadda aka yi da biro da hatimi a ofisoshin Legas da Abuja. Ta ƙasa ta samo asali ne daga bambancin farashi tsakanin ƙasashe biyu, ta sama kuwa daga barin mai kaya ya zama shi ne mai awo kuma mai shaida. Ta sama ita ce ta fi cin dukiya, ta ƙasa ita ce ta fi shan hukunci.

Ina roƙon malamai su koya wa yara wannan tarihi tare da alƙalumansa, su sa su yi lissafin tankokin nan da hannunsu, domin yaron da ya iya tambayar "nawa ne, kuma wa ya ƙirga?" yana da wuyar cuta. Darasin bai tsaya a kan gwamnati ba. Ya shafi ƙungiyar manoma, da asusun iyaye da malamai, da adashin mata, da kwamitin ginin masallaci: kada mai ajiya ya zama shi ne mai rubutu, kada mai rubutu ya zama shi ne mai bincike, kuma a riƙa karanta lissafi a bainar jama'a. Su kuma dattawanmu da suka ga zamanin gyaɗa da rufe iyakar 1984, ina roƙonsu su ba da abin da suka sani a rubuta tun suna raye, domin tarihin Jibiya ya fito daga bakin mutanenta. Allah Ya ba mu ikon riƙon amana, Ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin.